Har da tikiti ake shiga wurin matattu?

Amarya,

Saƙonki ya iso tun shekaranjiya. Idon nan ya daina ganin ƙananan rubutu, sai na sa ƙaninki ya karanta mini, na ce ya sake. Da ya kai inda kika ce sai an sayi tikiti an bi layi kafin a shiga, na yi dariya har tari ya sarƙe ni, kakarki ta leƙo tana tambaya ko lafiya. Na ce mata kishiyarki ce za ta biya kuɗin Turawa don ta shiga kabari, wurin da mu nan kyauta ake kai mutum, a kafaɗa ma. Ko murmushi ba ta yi ba. Ta ce a gaya miki ba da yawunta ba.

Ni ma da na kwanta sai dariyar ta gudu. Kin ce 'yan ajinku sun haɗa kuɗi za ku bi ɗan jagora ku sauka ƙarƙashin birnin Faris, matakala 131, inda aka tara ƙasusuwan mutum wajen miliyan 6, ƙoƙon kai bisa ƙoƙon kai kamar an jera ƙore a kasuwa. Kina tambaya ko al'adarmu ta yarda, ko ana yi musu sallama tunda ba Musulmi ba ne, ko kuma laifi ne a ɗauki hoto. Tambaya uku a saƙo ɗaya, gaisuwa kuwa layi guda. Allah ya shirye ku.

Abin da ba ki sani ba, angon naki ma ya taɓa shiga irin wannan rami. Ko mahaifinki ban taɓa ba shi labarin ba.

A 1974 ne, muna karatu a Azhar, muna kwana a Madinatul Bu'us da ke Abbasiyya tare da ɗalibai daga kowace nahiya. Hutu ya zo, zafin Alƙahira ya ishe mu, babu kuɗin zuwa gida. Mu uku muka hau jirgin ƙasa a tashar Ramsis zuwa Iskandariyya don mu ga teku: ni, da wani Bazazzagi mai cika baki, kin san halinsu, da wani mutumin Damagaram wanda sai ya yini bai ce uffan ba. Mun ga tekun, mun jiƙa ƙafa, sai aka ce kada mu tafi ba mu ga Amudus Sawari ba, wani ginshiƙin jan dutse da aka sassaƙo daga Aswan, tsayinsa ya kusa mita 27. Muna tsaye mun ɗaga kai har hula na neman faɗuwa, sai wani tsoho da jallabiya da ɗan rawani ya matso ya ce, tunda kun ga na sama, ku zo in nuna muku na ƙasa.

Muka bi shi ta lungunan Karmuz, ana shanya a kanmu, yara na binmu, har wani wuri da suke kira Kom el Shuƙafa. Daga waje ba ki ganin komai, fili ne da 'yan duwatsu. Ya ce ɗaruruwan shekaru mutane na tafiya a kai ba su san da shi ba, sai a 1900 ƙasa ta burma da wani jaki, aka leƙa don a ciro shi aka ga gari guda. Bazazzagin nan ya dube ni ya ce da jakin Bakano ne da tuni ya kafa tebur a bakin ramin yana yankar tikiti. Na ce masa da na Bazazzagi ne da har yau yana ciki yana ba matattu labarin kansa. Kin ga da raha muka shiga, kamar yadda ku ma za ku shiga.

Matakalar zagaye take yi, tana naɗe wata rijiya mai faɗi, ana sauka ana juyawa. Duk a cikin dutse aka sassaƙa, hawa uku, zurfin ya haura mita 30. Tsohon ya dafa bangon rijiyar ya ce ta nan tsakiya ake zura gawa da igiya, masu rai su bi matakala su tarye ta a ƙasa. Ya kuma nuna mana cewa matakalan da ke kusa da sama sun fi gajarta, don mai dawowa daga binne nasa ya riga ya gaji kafin ya kai nan. Wannan ya tsaya mini a rai, wato magini ya tuna da gwiwar mai makoki.

Sanyi ya fara shiga ta hannun riga, ga wani wari kamar na tsohuwar rijiya da aka daɗe ba a ja ba. Akwai 'yan tagogi a jikin bangon rijiyar. Bazazzagi ya tura kansa ta ɗaya, ya kumbura murya ya ce assalamu alaikum. Wallahi amarya, sai ga sallamar ta dawo daga can ƙasa, da wata murya mai kauri da ba tasa ba. Mun sani amsa-kuwwa ce, mun karanta, amma sanin bai hana shi cafke rigata ba har aljihu ya yage. Daga nan ban ƙara jin bakinsa ba.

A hawa na farko tsohon ya shigar da mu wani ɗaki mai dakali uku na dutse, biyu na fuskantar juna, ɗaya a ƙurya. Ya ce nan dangin mamaci ke zama. Su zo da abinci daga gida a ranakun tunawa da shi, su shimfiɗa, su kishingiɗa su ci kusa da nasu. In sun gama ba sa komawa gida da kwanon da ya shiga wurin mutuwa, sai su fasa shi a waje. Fasassun suka taru suka yi tudu, shi ne sunan wurin, tudun tsingaro. Ina tsaye a ɗakin nan sai na ga zauren gidanmu ranar sadakar uku ta kakana, ana raba gumba, dattawa sun jeru a tabarma. Na tuna da fasassun tukwanen da muke rufe kushewa da su kafin a zuba ƙasa. Na je kallon arnan da, ban yi zaton zan tarar da zaman makoki ba.

Arna ne kuwa, ba a ɓoye ba. A babban kabarin da ke hawa na biyu an sassaƙa macizai masu gemu a bakin ƙofa, ga wani gunki mai kan dila sanye da kayan sojan Rum, addinin Fir'auna da na Girka da na Rumawa an dama su wuri ɗaya. Aikin ƙarni na 2 ne bayan haihuwar Annabi Isa, sama da shekara 400 kafin Hijira. Ban daɗe a nan ba, gumaka ba su dame ni ba.

Abin da ya dame ni yana bayan wannan. Lunguna ne ƙunci, ana taka katako domin ruwa ya tsattsafo, hawa na uku ma duk ya nutse. Hagu da dama ramuka ne a bango, jeri bisa jeri, kowanne daidai kwanciyar mutum, yawanci wayam. A bakin wasu akwai burbushin jan fenti. Mutumin Damagaram, wanda tun Alƙahira bai yi magana goma ba, ya tambayi tsohon mene ne wannan. Tsohon ya ce sunan mai ramin ne da shekarunsa. Ya ce to wa ke nan? Tsohon ya kai fitila kusa, ya duba, ya ɗaga kafaɗa ya ce ya goge. Sai bawan Allah nan ya ja gefen rawaninsa ya rufe fuska, muka ji yana shessheƙa a hankali. Ba wanda ya ce masa ya yi haƙuri. Mun fito da burodi da ɗa'amiyya, ƙosan mutanen Masar, a jaka tun safe, babu wanda ya taɓa su har muka je masallacin Abul Abbas muka yi alwala muka yi la'asar.

Malaminmu na allo yakan ce kufai ba kango ba ne, gida ne da masu shi suka yi nisa. Kakata kuma, wadda ta raine ni, takan ce wanda ya mutu baki kawai ya rasa, bai rasa kunya ba. Muna yara in muka bi ta gefen maƙabarta ba mai ɗaga murya. In ka kuskura ka nuna kabari da yatsa sai an sa ka cije yatsan. Babu wannan a littafi, na bincika da na girma, amma ya hana mu mai da kushewar mutane abin nuni. Ba a taka kabari, ba a zama a kansa, ba a tsallake shi. Mata kuwa ba sa bin makara, abin da ke cin kakarki ke nan, ko da yake ba ta faɗa ba.

Yanzu fa? Watan jiya mun kai wani maƙwabci, ana saka shi a kabari samari uku sun miƙa waya a kan ramin, wani na cewa a matsa masa ya samu fuska. A bayana mutum biyu na cinikin fili. Na so in yi magana, na ga da wa zan fara. Mu ma da laifinmu, mun bar ku kun tashi ba wanda ya taɓa sa ku cizon yatsa.

Su mutanen naki na Faris ba don kallo aka tara su ba. Maƙabartar tsakiyar gari ce ta cika ta batse, har a 1780 bangon wani ɗakin ƙasa da ke maƙwabtaka da ita ya fashe saboda nauyin gawarwaki. Sai aka riƙa kwashe ƙasusuwan zuwa tsofaffin ramukan da aka haƙi dutsen gina birnin, aka keɓe wurin a 1786. Da dare ake yi, a lulluɓe amalanke da baƙin ƙyalle, limaman coci na biye suna addu'a. Kin ga ko waɗanda suka tone su sun ji nauyinsu. An ce mana karya ƙashin mamaci kamar karya shi ne yana raye, saboda haka hannunki ya zauna a aljihu. Da Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya bi ta Hijir, kufan Samudawa, a hanyar Tabuka, rufe kansa ya yi ya ƙara sauri, ya ce kada a shiga sai da kuka. Shi ne kuma ya miƙe tsaye da aka wuce da gawar Bayahude, da aka yi masa magana ya ce, ba rai ba ne? Sallamar maƙabarta da aka koya mana muminai take ambata, wannan haka yake. Amma na ga yadda mutumin Damagaram ya gaishe su, bai kuwa buɗe baki ba.

Hoto kuma, ki ɗauka ni ne. Bayan shekara 200 wata 'yar makaranta ta jingina da ƙoƙon kaina, da haƙoran nan biyu da suka rage, tana karkata kai tana murmushi ga waya. In kin ga zan ji daɗi, to.

Kin ce sanyin ciki digiri 14 ne rani da damina, ki tafi da rigar sanyi da takalmin da ba ya santsi, kin san ƙirjinki. Matakalar fitowa 112 ki duba mini ko su ma sun rage tsayin na sama. Kakarki har yanzu ba ta sauko ba, ki kira ta ranar Juma'a bayan an sauko daga masallaci, kuma ki fara da gaisuwa.

Angonki.