Hukuncin zana hoton tunawa da bala'in juya lokaci a ƙagaggen labari

Tambaya: Assalamu alaikum, Allah gafarta Malam. Ni ɗalibi ne a nan Maradi, ina rubuta labarin wata duniya da na ƙaga. A ciki wasu matsafa sun nemi maido da jiya, sai lokaci ya rikice, jarirai suka yi furfura a goye, tsofaffi suka koma rarrafe, birni ya halaka. Waɗanda suka tsira sai suka yi babban zane a ƙofar gari don tunawa. Ina so in zana shi a kwamfuta, amma abokina ya ce shisshigi ne cikin ikon Allah. Mene ne hukunci?

Amsa: Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Ɗana, Allah ya yi maka albarka da ka tambaya kafin ka zana.

Ƙaga labari ba ya cikin ƙaryar da aka haramta, matuƙar mai karatu ya san ƙagagge ne. Yaron da aka ce wa "ga ta nan ga ta nanku" ya san babu Gizo a bayan gidansu. Maƙamatul Hariri ma, wadda ake karantawa a zaurukanmu, ƙagaggun labarai ce, malamai ba su yar da ita ba.

Inda nake so ka natsu shi ne maganar lokaci, don abokinka bai yi magana a banza ba. Bukhari da Muslim sun ruwaito daga Abu Huraira, a hadisin ƙudusi, Allah yana cewa ɗan Adam yana cutar da shi da zagin zamani, alhali al'amari a hannunsa yake, shi ke jujjuya dare da rana. Shi ya kwantar da Ashabul Kahfi shekara 309, shi ya kashe mutumin da ke cikin aya ta 259 ta Baƙara shekara 100, ya tashe shi abincinsa bai lalace ba. Wanda mutuwa ta zo wa ya roƙi a mayar da shi baya, a Suratul Mu'minun, "kalla" aka ce masa, wato a'a. Larabawan jahiliyya kuwa suna ne kawai suke sauya wa watanni masu alfarma don su sami damar yaƙi, amma aya ta 37 ta Tauba ta kira wannan ƙari cikin kafirci.

To, dubi labarinka da wannan ma'auni. Matsafanka sun miƙa hannu ga abin da ba nasu ba, sun jawo halaka. Wannan bai saɓa wa aƙida ba, yana ma koyar da ita. Zai zama haramun idan ka sanya wani halitta ya zama ubangijin lokaci da ake roƙo, ko ka kambama tsafi har yaro ya yi sha'awarsa, ko ka rubuta surkulle da matakan yinsa. Wannan na ƙarshe ina ja maka kunne a kansa ƙwarai, don a ƙasarmu bori da bokanci ba tatsuniya ba ne.

Sai zanen. A mazhabarmu ta Malikiyya, kamar yadda masu sharhin Mukhtasar Khalil suka bayyana, abin da ya haramta shi ne mutum-mutumi mai inuwa na abu mai rai wanda gaɓoɓinsa suka cika. Zane a shimfiɗe, na takarda ko bango, makaruhi ne idan an ɗaukaka shi, kuma akwai malaman da suka haramta shi gaba ɗaya. Abin da ba shi da rai mafi yawan malamai sun halatta shi, shi Ibn Abbas ya nuna wa mai sana'ar zanen da ya tambaye shi. Don haka ka zana rusasshiyar ganuwa, bishiya rabi ɗanya rabi busasshiya, rana da wata a sama ɗaya. In dole sai mutane, ka yi su daga nesa ba fuska.

Tuna bala'i don ɗaukar izina ba laifi, dattawan Maradi ma suna ba jikoki labarin ambaliyar gulbi ta 1945 wadda ta sa gari ya hau tudu. Sai dai Wadda da Suwa'a da 'yan'uwansu da ke Suratu Nuhu mutanen kirki ne, Ibn Abbas ya ce don tunawa aka kafa musu gumaka, bayan ilimi ya gushe aka bauta musu. Kada ka sassaƙa zanen ya zama gunki, kada kuma ka ƙawata masu yanka ko roƙo a gabansa cikin labarin.

Da waɗannan sharuɗɗa ya halatta ka rubuta, ka zana, ka sayar. Wallahu a'alam.