Me ya hana a karya tarihin gudun da aka kafa tun 2000?

Tambaya: Malam barka da aiki. Wai tun 2000 ba wanda ya karya tarihin gudu a tseren motoci na IndyCar na Amurka a filin da'ira, abokaina na cewa direbobin yanzu matsorata ne, da za a sakar wa injin mara da tuni an wuce. Wasan ya mutu kenan?

Amsa: Ɗan'uwa kwantar da hankalinka, wasa na nan da ransa. Gaskiya ne Gil de Ferran ɗan Brazil ya zagaye filin Fontana na Kalifoniya a 2000 da matsakaicin gudun mil 241.428 a awa, wajen kilomita 388 kenan, a Indianapolis kuma Arie Luyendyk ke riƙe da 237.498 tun 1996. Lura, matsakaicin zagaye ɗaya ne har da kwanoni, ba abin da allurar gudun mota ta nuna a miƙaƙƙiyar hanya ba.

Amma wannan maganar ta tsoro wallahi ta ishe ni, kullum sai wani da ya kalli bidiyon minti ɗaya a TikTok ya zo yana cewa inji ne kawai matsalar. Ku je ku tambayi abin da ya faru a Texas a 2001. Filin gajere ne, mil ɗaya da rabi, kwanoninsa sun jirkice digiri 24, motoci na zagayawa da sama da mil 230, nauyin da ke danne direba ya kai ninki biyar na jikinsa kuma ba ya sakinsa, jini ya riƙa sauka daga kai zuwa ƙafa, direbobi suna fitowa jiri na ɗibarsu, wasu ido ya rufe musu suna kan tuƙi. Likitan gasar Steve Olvey ya bincika ya tarar mafi yawansu haka suke ji, ranar tseren 'yan kallo sun riga sun shigo aka soke shi. To wane inji ne zai gyara wannan? Kuma Fontanar nan da ake yabo, can direba Greg Moore ya rasu a haɗarin tsere a 1999.

Da gangan aka rage ƙarfin, injin yanzu V6 ne, wato mai silinda shida, mai lita 2.2 ana kuma ƙayyade iskar da turbo ke cusa wa injin, duk da haka Scott McLaughlin ya yi matsakaicin mil 234.220 a awa a zagaye huɗu a Indianapolis a 2024. Ka ce wa abokan naka su nuna min matsoracin da zai shiga kwana da wannan gudun.