Tambaya da Amsa: An kama mini tifa da kayan ma'adinai, ta yaya zan karɓo ta?

Tambaya: Assalamu alaikum. Ina da tifa da nake bayarwa haya. Direbana ya ɗauko wa wani mutum duwatsu daga wajen Birnin Gwari, jami'ai suka tare su, suka ce ma'adinai ne kuma ba takarda. An ba da belin direba, amma mota tana can tana shan rana, wata na biyu ke nan. Ina mafita? Daga wani mai tifa, Rigasa.

Amsa: Wa'alaikumus salam, Alhaji. Belin direba daban, sakin mota daban, sai ka nema da kanka.

Kafin a gurfanar da kowa, sashe na 10 na Dokar Gudanar da Shari'ar Laifuka ta 2015 ya wajabta a rubuta jerin kayan da aka karɓa, ya kuma ba da dama a saki kaya ga mai su a kan takardar alkawari. Lauyanka ya fara rubuta wa hukumar da ke riƙe da motar, ya karɓo kwafi mai hatimin karɓa. In sun ƙi, ko kuma an riga an shigar da tuhuma, sai kotu.

A nan mutane da yawa ke ɓata wata guda a banza: suna garzayawa kotun majistare. Ma'adinai hurumin Gwamnatin Tarayya ne, kuma Dokar Ma'adinai ta 2007 ta ce Babbar Kotun Tarayya ce ke sauraron laifukan da ke cikinta. Akwai ta a nan Kaduna. Lauya zai shigar da buƙata tare da takardar rantsuwa da sunanka, ba da sunan direba ba, a kuma sanar da masu gabatar da ƙara.

Abin da alƙali ke son gani biyu ne. Na farko, motar taka ce: shaidar mallaka, lasisin mota, inshora, takardar kwastam, da lambar shasi da ta inji da suka dace da na jikin motar. In ta hannu ka saya amma takardu na ɗauke da sunan tsohon mai ita, ka nemo takardar ciniki da ta sauya mallaka tun yanzu, domin wannan giɓin kaɗai ya isa a yi watsi da buƙatar. Na biyu, ba da saninka aka yi ba. Faɗa da baki ba ta wadatarwa. Yarjejeniyar haya, shaidar kuɗin da aka turo ta banki, saƙonnin waya tsakaninka da mai kaya, su ne ke magana.

In an amince, saki ne na wucin gadi: za ka kawo mai tsaya maka, ba sayarwa, ba sauya fenti ko lamba, kuma ka kawo ta duk ranar da aka nema. Duwatsun kan zauna a matsayin shaida, kada ka haɗa su cikin roƙonka. Ka karɓi kwafin umarnin da magatakarda ya tabbatar, a kai wa hukumar a hukumance. Ranar ɗauka ka je da bakanike da batir, ka ɗauki hoton mota kafin ta motsa. Tayoyi da bututun mai su ne suka fi lalacewa a doguwar ajiya.

Abu ɗaya kada ya wuce ka: in an nemi kotu ta ƙwace motar, akan buga sanarwa a jarida da wa'adin kwanaki kaɗan. Wanda bai bayyana ba, ta zama ta gwamnati.

Tambaya: Yashi kawai muke ɗebowa daga bakin Kogin Kaduna. Mu ma ya shafe mu? Daga wani direba, Kawo.

Amsa: Ya shafe ku, Malam. Yashi, tsakuwa da marmara na kasuwanci suna ƙarƙashin lasisin kwari (quarry), wato izinin haƙar dutse da yashi. Kafin a yi lodi, ka nemi kwafin lasisin mai wurin da rasit mai lambar motarka da kwanan wata. In kuma ma'adinai ne irin su kuza ko litiyam, sai ka ga lasisin saye da mallaka na mai kaya da shaidar biyan kason gwamnati. Rasit ɗin ƙungiya ko na ƙaramar hukuma ba ya maye gurbin ko ɗaya daga cikinsu.