Kun Tambaya: Tsofaffin Finafinan Japan Marasa Sauti

Tambaya: Malam, mun haska wa matasa wani tsohon fim ɗin Japan marar sauti a unguwar Nima, sai aka ɓuge da dariya. 'Yan wasan suna tafiya kamar an biyo su, kuma ba wanda ya gane dalilin da jarumin ya juya wa masoyiyarsa baya. Ina muka kuskure?
Mai karatu daga Accra

Amsa: Ɗan'uwa, gudun nan laifin na'ura ne. Da hannu ake juya kyamarar wancan zamani, galibi hoto 16 zuwa 18 a daƙiƙa ɗaya, fim mai sauti kuwa 24 ne. Idan kwafinku ba gyararre ba ne, ku rage saurinsa zuwa 0.75, ku duba tafiyar mutum ɗaya. In ta daidaita, shi ke nan.

Babban abin da kuka rasa shi ne benshi. Japanawa ba su kalli finafinan nan shiru ba. Benshi shi ne mai tsayawa gefen allo yana karanta rubutun da ke fitowa a fim ɗin, yana sauya murya daga ta mace zuwa ta tsoho, makaɗa na raka shi. Wasu 'yan kallo ma don shi suke zuwa, kamar yadda ake bin mai fassara fim ɗin Indiya. Shi ya sa, ko da fim mai magana ya karɓu a Japan a 1931, marasa sauti suka ci gaba har tsakiyar shekarun 1930. Ku samu mai baki ya kalli fim ɗin sau biyu, ya rubuta maganganun da Hausa. Kada ya cika surutu inda fuska ta riga ta faɗi komai.

Batun juya baya kuwa, sunansa giri: nauyin iyaye, ubangida ko wanda ya yi maka alheri. Kishiyarsa ninjo, abin da zuciya ke so. Bahaushe da ya san kara ba zai sha wahalar ganewa ba. A fim ɗin Taki no Shiraito na darakta Mizoguchi, na 1933, mace ce ta biya wa saurayi kuɗin karatun shari'a, ta yi kisa, ya zama shi ne mai gabatar da ƙara a kanta.

Tambaya: Me ya sa kaɗan ake samu daga cikin waɗannan finafinan?
Mai karatu daga Asawase, Kumasi

Amsa: Faifan lokacin na nitiret ne, mai saurin kama wuta. Girgizar ƙasar Kanto (yankin Tokyo) ta 1 ga Satumba 1923 ta ci da yawa, bama-baman Yaƙin Duniya na Biyu suka ƙara.