Furen da ke dawo da jiya ya kashe mini labari, in cire shi ne?

Tambaya: Malam, ina rubuta wani dogon labarin almara, na kai babi na 38. A duniyar labarin akwai wani fure da na sa wa suna Furen Jiya: duk wanda ya shaƙi ƙamshinsa, sai rana guda ta dawo baya. A babi na 30 na kashe ƙanin jarumata, ina rubutu ina hawaye, amma masu karanta mini ko a jikinsu. Ɗaya ma cewa ta yi, "Ai za ta shaƙi fure ya tashi." Tun ranar gwiwata ta yi sanyi. Shekara biyu nake kan labarin nan. In cire furen ne gaba ɗaya?

Amsa: Ƙanwata, kada ki cire shi. Furen bai yi miki laifi ba, kuma wadda ta faɗi wannan magana ta yi miki gata, don ta nuna miki inda ciwon yake. Koma ki ƙirga sau nawa aka shaƙi furen kafin babi na 30, sannan ki duba me mai shaƙar ya rasa. Ina kyautata zaton ko ƙwayar gashi bai rasa ba.

Wannan ciwo daga magana ɗaya yake fitowa, wadda na gaji da jinta: "Ai almara ce, komai na iya faruwa." Masu buɗe ajin koyar da rubutu alhali su kansu ba su taɓa kammala labari ba, su ne ke cusa wa yara ita, su karɓe musu kuɗi, su bar su da babi arba'in marasa rai. Ƙarya ce. Labarin da aka gina a wannan duniya tamu, mai karatu da dokokinsa yake zuwa: ya san wanda ya mutu ya tafi, ya san magana zarar bunu ce. Ke kuwa da kika ƙirƙiro taki duniyar kin karɓe masa waɗannan dokoki, dole ki ba shi wasu a madadinsu, in ba haka ba da me zai ji tsoro? Sihirin lokaci kuma ya fi kowane haɗari. Takobin tsafi yaƙi ɗaya zai ci miki, zoben ɓata ƙofa ɗaya zai wuce da ke. Furenki kuwa yana goge mutuwa, ya goge cin amana, ya goge kalmar da aka faɗa cikin fushi. Mai karatu ba wawa ba ne. Da ya ga an goge sau biyu kyauta, ya daina ba da hawayensa, kuma yana da gaskiya.

Ki dubi furannin gaske da ke da alaƙa da lokaci, su ma ba a sake suke ba. A 1751 masanin tsirrai Carl Linnaeus na Suwidin ya kawo shawarar agogon furanni, saboda ya lura akwai furannin da kowane irinsu ke da sa'ar da yake buɗewa da wadda yake rufewa. A tsaunukan kudancin Indiya akwai kurinji, wanda sai bayan shekara 12 yake fure. Ya yi a 2006, ya sake a 2018, kuma da ya zubar da iri sai ya bushe. Wanda ya fi ba ni tsoro shi ne wani irin gora a jihar Mizoram ta arewa maso gabashin Indiya, mai fure kusan duk shekara 48. 'Ya'yansa na zuba, ɓeraye su ci su hayayyafa, su gama su afka wa gonaki da rumbuna. Haka ta faru wajen 1959, aka yi yunwa. Kin ga fure ɗaya, amma duk ƙasa ta biya.

To, ba sai kin rushe babi 38 ba. Ki mayar da shaƙar baya ta zama bashi. Misali, duk wanda aka ceto da furen, mai shaƙar ta rasa wani abu nasa a zuciyarta ba tare da ta sani ba. Ki koma wuraren da aka shaƙa ki dasa layi ɗaya ko biyu: ta nemi waƙar da mahaifiyarta ke yi mata ta rasa, ta kira aminiyarta da sunan da ba nata ba. A babi na 31 sai ta gane abin da ke cinta, ga kuma fure ɗaya tal ya rage, wani ba zai buɗe ba sai ta tsufa. In ta shaƙa ƙaninta zai tashi, amma za ta dube shi kamar baƙo.

Sai ki amsa wa kanki wani abu kafin ki ci gaba: wa kuma ya san da furen nan? In sarkin ƙasar ya sani, ba zai bar shi a bakin rafi kowa ya tsinka ba, da dakaru za a tsare shi.

In kin gyara, ki ba wanda bai taɓa karanta labarin ba, ki zauna kusa ki kalli fuskarsa idan ya kai babi na 30.