Warak Inab: Me Ya Sa Naka Ke Fashewa a Tukunya?

Ka ce min, "Maigida, na bi duk yadda kake yi, amma warak inab ɗina rabi ya fashe a tukunya, wanda bai fashe ba kuma shinkafar cikinsa ta ƙi nuna. Ina matsalar take?" Na ji daɗin tambayar nan, yarona, domin a nan ake gane wanda ya fara kallon tukunya da idon mai girki.

Abin da ya kamata ka riƙe shi ne, a warak inab, wato naɗin ganyen inabi irin na Labanan da Siriya, ɗanyar shinkafa muke naɗewa a cikin ganyen inabin. Ba dafaffiya ba ce. A cikin ganyen za ta sha ruwa ta kumbura, ta kusa ninka girmanta. Kai kuma na lura kana cika ganye taf, kana murɗe shi da ƙarfi don ya yi kyau a faranti. To shinkafa ta tashi kumbura ba ta samu wuri ba, ko dai ta yaga ganyen ta fito, ko ta zauna a matse ruwa bai ratsa ta ba. Ka ga matsalolinka biyu uwarsu ɗaya. Ka tuna yadda ake ƙulla alala, ai ba a cika ta har baki. Ƙaramin cokalin shayi ɗaya na haɗin shinkafar ya ishi matsakaicin ganye. Ka shimfiɗa shi, gefen mai sheƙi a ƙasa, gefen jijiyoyi yana kallonka, ka yanke tsinken gindin domin shi ke huda ganye. Ka sa haɗin kusa da gindin, ka rufo ƙasa, ka lanƙwaso dama da hagu, sannan ka mirgina. In ka gama ya zama kamar kaurin ɗan yatsanka, in ka danna ka ji yana ɗan lotsawa.

Sai irin shinkafar. Mutanen Labanan da Siriya gajerar shinkafa mai danƙo suke amfani da ita, wadda suke kira shinkafar Masar. Doguwar shinkafar nan da aka turara, ta dafa-duka, ba ta wannan aikin ba ce. Warwarewa take yi, ba ta riƙe haɗin. In ta Masar ta yanke, shinkafar tuwo mai kyau ta fi ta nesa ba kusa ba. Ka wanke, ka jiƙa ta kamar minti 20, ka tsane.

Wannan da muke yi shi ne marar nama, wanda a Sham, wato Siriya, ake ce wa yalanji, a Labanan kuma warak inab bi zait. Da sanyinsa ake ci, cikin ƙananan abincin da suke jerawa kafin babban abinci, kuma Kiristocinsu suna yawan yin sa lokacin azuminsu na kafin Ista da ba sa cin nama. Tunda ba nama, duk daɗin yana ga man zaitun da tsami da ganye. Ga kofi 1 da rabi na shinkafa, nakan sa tumatir 3 masu tauri, albasa 1 babba, dami 2 na baƙdunis, wato fasli, da ɗan na'a-na'a, gishiri da masoro, da rabin kofi na man zaitun. Kada ka yi rowar man nan, kuma kada ka musanya shi da man gyaɗa. Komai a yanka shi ƙanana da wuƙa. In ka kai shi injin markaɗe ka yi miya ke nan. Mutanen Sham sukan ƙara cokali 2 na dibsin rumman, ruwan rumman da aka dafa har ya yi kauri, kuma ni ma na fi son sa haka, yana ba shi duhu da wani tsami mai zaƙi-zaƙi. Haɗin zai tsatso ruwa in ya ɗan zauna. Ka tace shi a kwano ka ajiye, shi ne ruwan dahuwarka.

Ganyen da muke samu a Kano na kwalba ne, a ruwan gishiri yake zuwa. A can Labanan, wajen kwarin Biƙa da ƙauyukan dutse, ɗanye suke tsinka a watan Mayu da Yuni yana da taushi, su tsoma a tafasasshen ruwa. Namu sai ka warware shi a hankali, ka ɗauraye sosai, ka jiƙa a ruwan zafi na ɗan lokaci, in ba haka ba gishiri zai kashe maka abinci. Waɗanda suka yage kada ka zubar.

Yanzu tukunya, inda na ga kana gaggawa. Nemi mai kaurin gindi, wadda ba ta alminiyam ba, domin tsami yana cin alminiyam ya ɓata ɗanɗano. Ka shimfiɗa yagaggun ganyen nan a ƙasa, ka jera yankakken dankalin Turawa da tumatir a kai don kada ya kama. Sannan ka jera naɗin, bakin naɗin yana ƙasa, kowane ya jingina da ɗan'uwansa, layi bisa layi. A nan ne ake matsewa: cikin ganye a sake, cikin tukunya a matse. Ka kifa faranti mai nauyi a kai, ka zuba ruwan haɗin, ka ƙara ruwa har ya taɓo bakin farantin. Da ya tafasa ka rage wuta can ƙasa, ya riƙa ɗan motsi kawai. Tafasa mai ƙarfi ita ke kwance naɗi. Awa 1 da kwata yakan isa, wani lokaci awa 1 da rabi in ganyen ya tsufa.

Ruwan lemun tsami kuwa raba shi biyu. Tsami yana jinkirta nunar shinkafa, saboda haka rabi a farko, sauran kuma in ya rage minti 15 a sauke. Lemun tsaminmu ƙanana ya fi nasu kaifi, ka fara da kwata na kofi ka ɗanɗana.

In ka ciro ɗaya daga sama ka ga shinkafar ta yi laushi, kashe wuta, amma kada ka ɗaga farantin. Bar shi ya huce a tukunyar aƙalla awa 2. Da zafinsa ganyen yana da rauni, kuma in iska ta buge shi baƙi yake yi. Yana hucewa zai shanye sauran man da tsamin ya tsaya da kansa. Daga nan ka tsiyaye ruwan da ya rage, ka kifa tukunyar a tire. Gobe da safe ka naɗe min 10 kafin ka taɓa sauran, in danna in ji.