Rancen Gida Na Shekara Ashirin: Ladan Aiki Ne Ko Kuɗin Ruwa?

TAMBAYA

Assalamu alaikum. Allah ya gafarta Malam, ni ma'aikacin gwamnati ne a Kaduna, shekarata goma sha huɗu a bakin aiki, ina da iyali da 'ya'ya biyar, kuma har yau a gidan haya muke. Tun da na kama aiki ake yankar kashi biyu da rabi na albashina zuwa asusun gidaje na ƙasa. Yanzu wani bankin lamunin gidaje ya ce zai samo mini rancen naira miliyan 10 daga asusun, a kan ruwa kashi 6 cikin 100 a shekara, in biya cikin shekara 20, ana cire N71,643 duk wata. Hayar da nake biya N800,000 ce a shekara, kuma mai gidan bai taɓa tsallake shekara bai yi ƙari ba. Abokan aikina sun ce wannan ba riba ba ce, ladan aiki ne, kuma ai kuɗinmu ne aka tara. Wani ma ya ce bankin Musulunci ya fi tsada. Malam, mene ne hukuncin karɓar wannan rance?

AMSA

Wa alaikumus salam wa rahmatullahi wa barakatuhu. Godiya ta tabbata ga Allah, tsira da aminci su tabbata ga Manzonsa da alayensa da sahabbansa.

Ɗan'uwa, Allah ya saka maka da alheri da ka tambaya tun kafin ka sa hannu. Da yawa sai alƙalami ya bushe suke zuwa.

Hukunci a kan abu yana biyo bayan fahimtar abin, don haka bari mu fara da lissafi, domin na lura adadi ɗaya kawai aka nuna maka, wato na wata. N71,643 sau wata 240 ya kama kimanin naira miliyan 17 da dubu 194. Ka karɓi goma, za ka mayar da goma sha bakwai da ɗoriya. Wannan miliyan 7 da dubu 194 ita ce muke magana a kanta.

Ga yadda take taruwa. Kashi 6 a shekara rabin kashi ɗaya ne a wata, kuma ana ɗora shi a kan abin da ya rage a wuyanka. A watan farko ana binka miliyan 10, ruwanta N50,000. To cikin N71,643 da aka yanka, N21,643 ce kawai ta taɓa uwar kuɗi. Wata na biyu ruwan ya ragu da ɗan abin da bai kai kuɗin kabu-kabu ba, haka za a yi ta tafiya. Bayan shekara biyar ka biya kusan miliyan 4 da dubu 300, amma in ka je ka tambayi abin da ya rage za a ce maka kusan miliyan 8 da rabi. Bayan shekara goma, rabin wa'adi ke nan, ka zuba kusan miliyan 8 da dubu 600, ana binka miliyan 6 da dubu 450. Na sha ganin mutum ya dawo daga banki da wannan takarda yana rantsuwa an cuce shi. Ba kuskuren lissafi aka yi masa ba, abin da ya sa wa hannu ke nan: ruwa ake fara kwashewa, uwar kuɗi sai daga baya take narkewa.

Kuma wannan bai haɗa da kafin alƙalamin da za ka ajiye ba idan an nema, da la'adar dillali, da kuɗin lauya, da na mai kimanta gida, da inshora, da kuɗin neman amincewar gwamna da dokar filaye ta 1978 ta wajabta kafin a jinginar da takardar mallaka. Ka rubuta su duka a takarda ɗaya, shi ne ainihin farashin gidan.

Yanzu hukunci. A Hausa kalma ɗaya ce ke ɗauke da ma'ana biyu, kuma nan mutane ke ruɗewa. Ɗan kasuwa ya sayi buhu ya sayar ya ce ya ci riba, wannan ita ce Larabawa ke kira ribhu, halas ce. Mai ba da bashi ya ba da goma ya sharɗanta a mayar masa da sha biyu, wannan ita ce riba da Alƙur'ani ya haramta, wadda muke kira kuɗin ruwa. Masu cin riba sun ce duk ɗaya ne, sai Allah ya amsa musu a Suratul Baƙara aya ta 275 cewa ya halatta ciniki ya haramta riba. A aya ta 279 ya ce wa masu bin bashi idan sun tuba uwar kuɗinsu kawai suke da ita, ba su zalunta ba, ba a zalunce su ba. Duk wanda ya yi karatun zaure ya wuce wurin a Risala, inda Ibn Abi Zaidin ya ce rancen da ke janyo amfani ga mai bayarwa bai halatta ba. A abin da ka kwatanta, bankin bai sayar maka da gida ba. Kuɗi ya ba ka, ya riƙe takardar gidan a matsayin jingina, ya sharɗanta ƙari gwargwadon tsawon lokaci. Wannan rance ne da ƙari, kuma haramun ne, ƙarin kaɗan ne ko mai yawa. Majalisar Fiƙihu ta Ƙungiyar Ƙasashen Musulmi ta zauna a kan wannan mas'ala ta rancen gidaje a Jidda a shekarar 1990, abin da ta yanke ke nan, har ta ambaci cewa ƙarancin ruwan ba ya canza hukuncin. Kuma laifin bai tsaya kan mai karɓar ruwan ba. Muslim ya ruwaito daga Jabir cewa Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya la'anci mai cin riba da mai ciyar da ita da marubucinta da shaidunta biyu, ya ce daidai suke.

Jinginar ita kanta ba matsala ba ce. Aya ta 283 ta halatta ta, kuma Annabi ya sayi abinci bashi a wurin wani Bayahude ya jinginar masa da sulkensa, kamar yadda Bukhari da Muslim suka ruwaito daga Nana A'isha.

Maganar abokan aikinka cewa ladan aiki ne, ga ma'auni mai sauƙi. Malamai sun halatta mai ba da rance ya karɓi ainihin abin da ya kashe wajen buɗe fayil da bincike da rubuta takardu, ba tare da ƙarin ko sisi ba. To ka tambayi ma'aikacin bankin: in na ɗauki wannan miliyan 10 a shekara 30 nawa zan biya? Zai ce maka N59,955 a wata. Za ka ji daɗi domin ya fi sauƙi, amma jimilla ta koma kusan miliyan 21 da dubu 580. In shekara 10 ce, N111,021 a wata, jimilla miliyan 13 da dubu 320. Fayil ɗaya, lauya ɗaya, gida ɗaya, amma "ladan" ya tashi daga miliyan 3 da 'yan kai zuwa miliyan 11 da rabi. Wane aiki ne ya ƙaru? Babu, sai kwanaki. Abin da ke girma da girman bashi da tsawon wa'adi ba lada ba ne, duk sunan da aka raɗa masa. Shi ne abin da Imamu Malik ya ruwaito a Muwaɗɗa game da ribar jahiliyya, inda mai bin bashi ke cewa za ka biya ne ko za ka ƙara.

Cewa kuɗinku ne aka tara, gaskiya ne kuna da haƙƙi a asusun, wanda aka kafa tun 1992. Sai dai ka lissafa abin da aka yanke maka a shekara goma sha huɗu, za ka ga bai kama ƙafar miliyan 10 ba. Sauran na wasu ne, rance kake karɓa daga gare su. Ko 'yan adashi ne suka sharɗanta wa wanda ya fara kwasa ya dawo da ƙari, adashin ya lalace. Yankan da ake yi maka na dole ne, babu laifi a kanka. Ranar da ka yi ritaya aka mayar maka da tarinka, ka ɗauki abin da ka zuba, ruwan da aka ɗora a kai ka fitar da shi ga mabuƙata ba da niyyar sadaka ba.

Akwai hujjar da ba ka kawo ba, wadda a ganina ta fi waɗannan nauyi, don haka zan kawo maka ita da kaina. Hauhawar farashi a Najeriya ta haura kashi 30 cikin 100 a shekarar 2024, ga ruwan nan kashi 6 ne kacal, ma'ana mai ba da rancen ma asara yake yi. A lissafin tattalin arziki wannan magana ce ta gaskiya, kuma ban ɓoye maka cewa wannan rance ya fi na bankunan kasuwa sauƙi nesa ba kusa ba, domin a kan kashi 20 miliyan 10 ɗin nan za ta haura miliyan 40 a shekara 20. Wasu fuƙaha'u ma sun yi magana a kan duba ƙimar kuɗi ranar biya idan darajarsu ta faɗi warwas. Amma wancan sulhu ne da ake yi bayan abu ya faru. Nan kuwa tun ranar farko aka rubuta ƙarin, naira ta faɗi ko ta tashi sai ka biya. Majalisar Fiƙihun da na ambata ta yanke a Kuwait a 1988 cewa bashi da irinsa ake biyansa, ba a ɗaura shi da farashin kaya.

Sai batun lalura. Na san zafin haya, na san yadda uba ke ji idan wa'adi ya ƙarato yara na kallonsa. Amma lalurar da ke halatta haram ita ce wadda mutum zai halaka ko ya kwana a titi da iyalinsa, kai kuwa kana da rufin asiri, ko da na haya ne. Majalisar Fatawa ta Turai ta yi rangwame a 1999 ga Musulmin can da ba shi da gidan zama kuma ba shi da wata hanya ta halas, malamai da dama ma ba su yarda da ita ba. Ko a wurin waɗanda suka yarda, sharaɗin shi ne rashin mafita. A ƙasar da bankunan Musulunci ke aiki, Jaiz tun 2012, TAJ tun 2019, Lotus tun 2021, da wuya mutum ya ce ƙofa ta toshe.

Wanda ya ce maka bankin Musulunci ya fi tsada, sau da yawa gaskiya ya faɗa, domin kuɗinsu ba na asusun gwamnati mai rangwame ba ne. Tsada ba ta haramta ciniki, araha kuma ba ta halatta riba. Idan banki ya sayi gida miliyan 10 ya mallake shi, sannan ya sayar maka miliyan 18 a biya cikin shekaru, jumhurun malamai sun halatta, domin ƙarin yana cikin farashin kaya ne, an yanke shi sau ɗaya. Amma kada allon da ke bakin ƙofa ya isar maka. Malikiyya sun fi kowa tsanani a nan, domin Malik ya kawo cewa an tambayi Abdullahi ɗan Umar game da wanda ya ce wa wani saya mini raƙumin nan kuɗi hannu in saye shi a wurinka bashi, sai ya ƙi abin ya hana. Malaman zamani da suka halatta irin wannan ciniki, wanda ake kira murabaha, sun gindaya cewa lallai gidan ya shiga mallakar bankin da lamuninsa kafin ya sayar maka, ta yadda da zai rushe a tsakanin, asarar bankin ce. Farashi kuma ba ya motsi bayan an ƙulla. In ka makara biya bashin ba ya ƙaruwa, kuma tarar da wasu ke sakawa don tsoratar da mai taurin bashi, waɗanda suka halatta ta sun ce sadaka za a yi da ita, banki ba ya ci. Idan kuma tsarin haɗin gwiwa ne, kana sayen kason banki sannu a hankali kana biyan hayar abin da ya rage nasa, to ka duba wa ke ɗaukar manyan gyare-gyare da asara idan gobara ta tashi. In an jibga maka duka kai kaɗai, sunan haɗin gwiwa kawai aka ara. Ka karɓi kwafin yarjejeniyar ka kai wa malamin da ya san mu'amala da lauyan da ka amince da shi, kuma can ma ka ninka na wata sau yawan watanni kafin ka ce ka yarda.

Ka kuma koma wurin masu kula da asusun ka tambaye su a rubuce ko suna da tsarin da babu ruwa, ko na haya da ke ƙarewa da mallaka, a duba sharuɗɗansa. Ƙungiyoyin ƙwadago da kuke biya wa kuɗi duk wata, wannan na cikin abin da ya kamata su matsa a kai. Hanyar iyayenmu ma ba ta mutu ba: fili a bayan gari, bulo ɗari biyu wannan watan, kwano bayan an kwashi adashi, ciki da falo a fara shiga a huta da haya, sauran ɗakuna su biyo baya. Tana da jinkiri, kuma siminti ba ya jiran kowa, ban musa ba.

Ka tuna kuma shekara 20 doguwa ce. Za ka gama biya saura shekara ɗaya ka cika 35 a aiki, idan rai ya kai. Idan bai kai ba, bashi ake fara fitarwa kafin magada su ga komai, kamar yadda ayoyin gado suka zo a Suratun Nisa'i, kuma Tirmizi ya ruwaito cewa ran mumini a rataye yake da bashinsa har sai an biya masa.

Wanda ya riga ya karɓa yana karanta wannan, ya tuba ga Allah, kada ya daina biya ya jawo wa kansa tara da ƙwace gida. Ya nemi a ba shi damar rage uwar kuɗi da duk abin da ya samu, ko garatuti ko kuɗin gona, domin duk nairar da ta fita daga uwar kuɗi da wuri ta yanke ruwan da za a ɗora mata na sauran shekarun. Gidan mallakarsa ne, zama a cikinsa da salla a cikinsa sun inganta, kuma ba a ɗora masa ya karyar da shi ya koma titi da iyali ba.

Kai da ba ka sa hannu ba, kada ka sa a kan wannan takarda yadda take.

Wallahu a'alam.